Wasan da Bai Buɗe Ba Sai Magariba

Ƙauyenmu yana yamma da Kamlin, a tsakiyar gonakin Jazira, kuma tur'a ce ta raba mu da titi. Tur'a ita ce babbar hanyar ruwan da ke shayar da hawashoshinmu, gonakin da magidanta ke riƙe da su tun zamanin kakanni. Duk mai son zuwa gari sai ya bi gefenta har gadar siminti, ya tsallaka, ya tsaya ƙarƙashin wata bagaruwa ya jira mota. Da kaka, lokacin da dawa ta fara nuna ana kuma ban ruwan auduga, tur'ar kan cika har baki, ruwan ya yi ja, ya riƙa gudu shiru. Mu mata ba ma son wannan lokacin. Kusan kowace unguwa tana da gidan da ya taɓa rasa yaro a cikinta.

Ɗana na fari yana da shekara goma sha biyar a lokacin, kafin ƙasar ta rikice. Dogo ne siriri, mai ƙarancin magana. Wata ɗaya aka haife su da ɗan yayata, a gida ɗaya, har mutane ke ce musu tagwaye. Tare suka yi rarrafe, tare aka yi musu kaciya, tare suka koyi keke a kan tsohon keken maigidana. Sai mijin yayata ya sami aikin tuƙi a Saudiyya, bayan ɗan lokaci ya aiko aka kai masa iyalinsa. Ranar da suka tafi ɗana bai yi kuka ba, ya dai tafi gona ya wuni can. Daga nan maganarsa ta ƙara raguwa. Abin da ya rage musu shi ne wayata. Bayan sallar asuba, lokacin da shabaka, wato sabis ɗin waya, ke da ƙarfi, yakan ɗauke ta ya je kusurwar katanga kusa da turken awaki, inda take kamawa, su yi ta ƙus-ƙus da Larabci.

Watanni ina jin suna maganar wani gem, wasan bidiyo da zai fito. Ban sa shi a raina ba. Na dai san ɗan yayata yana da na'urar wasa a can, irin wadda ake jonawa da talabijin. Nawa kuwa sai in babansa ya aike shi Kamlin sayen taki ko maganin feshi yake raɓawa wani shago ya taɓa kwamfuta na ɗan lokaci. Sai daga baya na gane abin da ya sa wannan wasan ya fita daban a wurinsu: a cikinsa mai na'ura da mai kwamfuta suna iya haɗuwa, su ga juna, su yi magana, ko da teku na tsakaninsu.

Ranar da abin ya faru ba makaranta, kuma ruwa ya zo kan hawasharmu. Maigidana ya fita tun da duhu-duhu, ya bar saƙo cewa yaron ya same shi da hantsi, ya taya shi buɗe ƙananan hanyoyin ruwa tsakanin kunyoyi. Na faɗa masa, ya ce to. Ya ɗauki wayata kamar kullum, ya dawo da ita da sauri fiye da kullum, ya kurɓi shayi a tsaye, ya ja keke ya fita. Na lura fuskarsa a sake take, har ya tsokani ƙanwarsa a bakin ƙofa. Na ɗauka gona ya nufa. Babansa kuma can ya ɗauka ni na riƙe shi da wani aiki.

Da azahar maigida ya dawo, ƙafafunsa duk taɓo, yana faɗa tun daga zaure, yana tambayar ina yaron da ya bar shi shi kaɗai da ruwa. Na ce ai tun safe ya bi shi. Muka kalli juna. Ya aiki yara gidajen abokansa, suka dawo suka ce ba wanda ya gan shi. Muna cikin haka sai ga gafir, dattijon da ke tsaron ƙofofin ruwa, ya yi sallama yana jan keke. Ya jingina shi a katanga a hankali. Ya ce ya same shi kwance cikin ciyawa a gindin gada, a gangaren da ke sauka ruwa, ƙafar gaba ta kusa taɓa tur'a. Ya nemi ruwan sha, aka kawo masa, ya riƙe kofin bai sha ba.

Kafin a daɗe ba namiji ko ɗaya a unguwar. Duk sun tafi tur'a da dogayen gorori da igiyoyi, wasu da taru. Samarin da suka iya ruwa suka tuɓe suka shiga daga gada, suna bin gangare zuwa ƙofar ruwa ta ƙasa, inda duk abin da ruwa ya ɗauko yake maƙalewa. Mata kuma suka cika mana tsakar gida. Wasu na addu'a, wasu na cewa in sha Allahu ba komai, da muryar da ke nuna ba su yarda da abin da suke faɗa ba. Wata maƙwabciya ta aika aka ɗauko babbar tukunyar unguwa. Na gan ta, na kau da kai. Na san lokutan da ake fiddo ta.

A wurinmu mace ba ta nuna ɗokin ɗan fari. Ba ta kiran sunansa, ba ta yabonsa gaban mutane, in ya faɗi ba ita ke fara ɗaga shi ba. Haka aka tarbiyyantar da ni, haka na yi shekara goma sha biyar. Saboda haka ban san abin da zan yi da jikina ba. Na koma gindin murhu na ci gaba da yin kisra, siririyar wainar dawa, ina shafa ƙullu a kan kasko, ina ɓarewa, ina tarawa, alhali ba mai ci. Surukata, wadda yara ke kira Habboba, ta fi kowa riƙon wannan al'ada. Ita ce ta taso da sandarta ta zo ta karɓe ƙwaryar ƙullun daga hannuna.

"Ajiye, ɗiyata," ta ce. "Yi kukanki. Yau ba mai ganin laifinki."

Na nemi kukan na rasa. Abin da ya faɗo mini kawai shi ne yayata ba ta sani ba, kuma ita ma ta shayar da shi. Na ɗauki waya na je kusurwar katangar nan. Da rana shabaka ba ta cika kamawa ba, na yi ta gwadawa har ta shiga. Na faɗa mata a taƙaice. Sai na ji ana kokawar waya, sannan muryar ɗanta, wanda ke ce mini Khala, wato ƙanwar uwa.

"Khala, ai Kamlin ya tafi. Ni na ce masa wasan ya fito."

Ya ce shi tun tsakar dare wasan ya buɗe masa a na'urarsa. Da asuba ya faɗa wa ɗana, shi kuma ya ce yanzu zai ruga shagon, su haɗu a ciki su ɗan yi wasa, ya dawo kafin babansa ya neme shi. Na dafa katanga. Na tambaye shi ko sun haɗu. Ya ce a'a. Tun safe yana zaune gaban talabijin yana jiransa, bai shigo ba.

Wannan maganar ta mayar da ni inda na fito. In da ya isa Kamlin da safe, da ya shiga wasan. Tunda bai shiga ba, wataƙila gadar ce iyakar tafiyarsa. Amma ko ba komai na sami abin riƙewa. Na yafa tob ɗina, babban mayafinmu, na fita, ban ce wa matan komai ba don kada in sa musu rai a banza.

Na sami maigidana tsaye cikin ruwa har ƙirji, riƙe da gora, yana caccakar ƙarƙashin ciyawar bakin tur'a. Mutane suka buɗa mini hanya suna sunkuyar da kai. Na durƙusa a gaɓa na faɗa masa abin da na ji, har da cewa yaron bai shiga wasan ba. Ya saurare ni idanunsa jajaye. Ya kalli hanyar titi, ya kalli ruwan.

"Ki je," ya ce. "In yana can, ki taho da shi. In yana nan, ni zan fiddo shi."

Na tsallaka gadar ban kalli gefe ba. Na tsaya ƙarƙashin bagaruwa har wata boksi ta zo, irin a-kori-kurar da ke ɗaukar mutane a baya, cike da masu albasa. Suka matsa mini. Wata mata daga ƙauyen gaba ta yi ta ba ni labarin ciwon gwiwarta, ina gyaɗa kai. La'asar ta same mu a hanya. Duk inda muka gifta tur'a sai in rufe ido.

Ban san shagon ba, ban ma san sunan da ake kiran irinsa ba. A tashar Kamlin na tambayi wata mai shayi inda yara ke taruwa suna wasa da kwamfuta. Ta dube ni daga sama har ƙasa, ta bar kofunanta, ta kama hannuna ta zaga da ni bayan rumfunan masu gyaran waya. Ta nuna mini wata ƙofa mai shuɗin labule, ƙaramin janareta na ɓaɓatu a gefenta. A bakin ƙofar takalma ne birjik, na yara da na samari, an watsar da su kan juna. Ban ɗaga labulen ba. Na sunkuya na fara duba takalman. Can ƙasa na ga nasa, silifas ɗin da maɗaurinsa ya tsinke ya ɗaure da waya, wanda nake ta cewa ya jefar.

Na zauna a ƙasa nan bakin ƙofar, da takalmin a hannuna. Kukan da ya ƙi zuwa a gida ya zo a nan, gaban baƙi. Mai shayin ta tsaya ta kare ni da jikinta har na gama. Sannan na share fuska na shiga.

Ɗakin duhu ne, yana warin zufa da ƙurar fanka. Yara sun cika shi, wasu kan kujerun roba, wasu a ƙasa, amma ba mai wasa. Duk sun zuba ido kan wata kwamfuta da wasu lambobi ke raguwa a fuskarta. Ɗana ne zaune daf da ita, gwiwoyinsa a haɗe, ya tallafi haɓa. Wani ya taɓa shi, ya waiwayo. Ya miƙe da sauri har kujerar ta faɗi.

"Yumma," ya ce, wato inna.

Na kai hannu na shafa kansa, na shafa kafaɗarsa, na damƙi rigarsa. A bushe take, har da ƙurar hanya. Na daɗe ina riƙe da ita.

Na fita waje na kira ƙanen maigida, don na san shi ke riƙe da wayoyin waɗanda suka shiga ruwa. Na ce yana nan, na gan shi, lafiyarsa lau. Na ji ya ɗaga murya ya faɗa wa mutane, na ji kabbara ta tashi tana bin gaɓa har ta yi nisa. Aka miƙa wa maigida wayar. Ya ce alhamdulillahi, ya sake cewa, sai ya mayar da wayar.

Da na koma ciki mai shagon ya kawo mini kujera da ruwan sanyi. Matashi ne ɗan garin, yana jin Hausa kaɗan-kaɗan, amma da Larabci muka yi magana. Da ya ji abin da ake ciki a ƙauye ya dafe kai, ya yi ta ba ni haƙuri, ya ce da ya sani da shi da kansa ya sa yaron a mota. Ɗana kuma, kansa a ƙasa, ya faɗi nasa. Ya ce yana isa gada ya hango mota na zuwa, sai ya cusa keken cikin ciyawa ya ruga, bai san keken ya zame gangare ba. Ya iso ya tarar wasan bai buɗe ba. Da ya ga rana na yi, ya ba wani direban da ke bin hanyarmu saƙo ya faɗa wa babansa. Daga baya muka ji direban ya sami lodin Khartum ya canza hanya.

Na tambaye su yadda abu zai fito a Saudiyya tun tsakar dare, a nan kuma har rana ta kusa faɗuwa ana jiransa. Su biyun suka yi mini bayani, wannan na karɓa daga bakin wancan. Ashe masu yin wasan ba sa buɗe wa kowa ƙofa lokaci guda. Masu na'urar talabijin, kowace ƙasa da tsakar darenta ake buɗe mata, saboda haka mutanen gabas mai nisa ke fara samu, a yi ta gangarowa yamma. Masu kwamfuta kuwa lokaci ɗaya aka yanke wa duniya gaba ɗaya, wanda ya zo daidai da safiyar masu yin wasan a ƙasarsu, mu kuma ya faɗo mana da magariba. Akwai kuma masu jiran faifai, su sai an yi kwanaki kafin ya iso Khartum, sannan ya biyo mota zuwa Kamlin. Mai shagon ya ce shi ma faifan yake jira don na'urarsa guda ɗaya da ke lulluɓe a kusurwa. Na kwamfutar kuwa ya riga ya sauke shi tun kwanaki, yana nan ciki a kulle, buɗewar kawai ake jira.

Ya ƙara da cewa sunan ƙasarmu ma ba ya cikin jerin ƙasashen da ake sayar wa, don haka kwamfutocinsa da sunan wata ƙasa aka yi musu rajista. Da safe ba wuta, ba shabaka, ya duba lokutan da aka rubuta wa garuruwa daban-daban ya ɗauki wanda ba namu ba, ya ce wa yara da hantsi ne. Hantsi ya wuce ya ce ƙila azahar. Sai da ya tada janareta, shabaka ta dawo, agogon ya bayyana, suka ga sauran tafiya mai nisa. Ɗana ya ce a lokacin ya riga ya san zai sha faɗa, kuma ya ɗauka saƙonsa ya isa, sai ya ga gara ya ƙarasa.

Na tuna azumi, yadda yayata ke kirana tana tauna dabino mu kuwa rana na nan tsaye kan katanga. Wannan na saba da shi, ranar Allah ce take bi ta kansu kafin ta iso mu. Amma na wasan wasu mutane ne suka zauna a wani ɗaki suka tsara, ba su san da tur'a ba, ba su san da mu ba. Ban ji haushinsu ba. A ranar ba wanda nake iya jin haushinsa.

Na ce wa yaron ya tashi mu tafi. Ya tashi. Har mun kai labule ya waiwaya sau ɗaya ya kalli kwamfutar, ya juyo da sauri don kada in gani. Na gani. Na tambayi mai shagon saura nawa. Ya ce bai fi a yi salla a dawo ba. Na san motar ƙarshe ta hanyarmu ba ta tashi sai bayan magariba, ko mun je tasha zama za mu yi. Na ce wa ɗana ya je masallaci ya yi salla, ya roƙi Allah gafarar abin da ya ja wa mutane, ya dawo ya same ni nan. Ya dube ni kamar bai ji daidai ba. Ni kuma na je wurin mai shayin, ta shimfiɗa mini tabarma bayan teburinta na yi tawa. Ta haɗa mini shayi mai citta, ta ƙi karɓar komai.

Na dawo na tarar lambobin sun kusa ƙarewa, yara na ƙirgawa tare da su ƙasa-ƙasa. Da suka ƙare fuskar kwamfutar ta yi baƙi, har wani ya fara tsaki, sai kiɗa ya tashi, hoto ya fito. Suka yi tafi. Mai shagon ya ce ɗana ne zai fara, tunda shi ya riga kowa zuwa, ba wanda ya yi gardama. Ya zauna ya sa abin ji a kunne. Na tsaya a bayansa. Na ga wani gari mai dogayen gidaje da tituna masu sheƙi, da wani ɗan mutum mai jar hula wanda aka ce shi ne ɗana. Ya yi ta gudu yana shiga lunguna. A wani fili ya tarar da wani ɗan mutum mai koriyar riga tsaye shi kaɗai. Da mai jar hula ya matso, mai koriyar riga ya fara tsalle a wuri ɗaya, yana tsalle, yana tsalle, ya ƙi tsayawa.

Ɗana ya fashe da dariya. Rabon da in ji wannan dariyar tun kafin su tafi. Suka shiga surutu da Larabci, zagin wasa kuwa da Hausa, irin wanda suka koya a bakin Habboba. Can ya cire abin jin ya ɗora mini a kunne. Na ji ɗan yayata kamar yana tsaye kusa da ni.

"Khala, kin same shi?"

Na ce na same shi. A bayansa ina jin uwarsa tana kuka tana dariya, tana cewa a ja masa kunne a madadinta. Na mayar wa ɗana abin, na bar su suka yi ta gudu tare cikin garin nan har muka ji direba na hon a tasha. Bai jira na yi magana ba, ya yi wa ɗan'uwansa sallama ya miƙa wa na bayansa abin jin.

A mota na faɗa masa abin da ya bari a gida, ban rage komai ba: gafir da keke, gororin, samarin da suka wuni suna nutso, babansa cikin ruwa har ƙirji, tukunyar da aka ɗauko. Bai taɓa kawo wannan a ransa ba, shi faɗa kawai yake jira. Ya sa fuska cikin gwiwa, kafaɗunsa na girgiza. Ban rarrashe shi ba, ban kuma ƙara masa ba.

Muka sauka muka tarar da mutane a kan gada da fitilun waya. Maigida na zaune kan siminti, tufafinsa ba su gama bushewa ba. Yaron ya je ya durƙusa gabansa. Kowa na jiran mari. Maigida ya daɗe yana kallonsa, ya ɗora hannu a ƙeyarsa ya bar shi a nan. Sannan ya nuna masa tarin gorori da igiyoyin da ke jingine a gefen gada, ya ce ya kwashe su ya mayar wa masu su, gida-gida, kowanne ya tsaya ya ba da haƙuri da bakinsa. Haka ya yi, ya gama wasu a daren, saura da safe. Gidan saurayin da ƙarfen ƙofar ruwa ya yanka a ƙafa kuwa, sai da ya yi mako yana yi musu ban ruwa har ƙafar ta warke.

Habboba ce ta doke shi. Yana shiga gida ta kai masa maficin hannunta a gadon baya har sau da yawa, sannan ta jawo shi ta zaunar, ta sa aka zubo masa kisrar da na tara da rana. Abincin da mata suka ɗora a babbar tukunya ma bai lalace ba, unguwa ta taru ta cinye ana hira. Ranar Juma'a maigida ya yanka rago ya yi karama, sadakar godiya, ya aika har Kamlin aka gayyato mai shagon da mai shayin. Mai shagon ya zo da kunya, ya zauna can gefe, amma kafin a watse samari sun kewaye shi da tambayoyi.

An karɓe keken har bayan girbi. Bayan nan babansa ya yarda ya riƙa zuwa gari ranar Alhamis da yamma, da sharaɗin ya faɗa da bakinsa kafin ya fita, ya kuma bar keken gidan gafir. Wata Alhamis ya dawo Habboba na zaune tana tsinkar mulukiya, wato lalo, ta kira shi ta tambaye shi waye ya ci a cikinsu, shi ko ɗan'uwansa. Ya ce ai su ba cin juna suke yi ba, tare suke tafiya, in ɗaya ya faɗi ɗayan ya ɗaga shi. Ta ci gaba da tsinka. Can ta tambaya ko yaron ya yi ƙiba a can. Ya ce ba a ganin fuska, hoto ne kawai. Ta ce to in sun sake haɗuwa ya tambaye shi, ya kuma faɗa masa akuyarsa da ya bari ta haifi biyu.